Littafin Bajamushe a Zauren Kawu

Na manta abubuwa da yawa a rayuwata, har da waɗanda bai kamata in manta ba, amma kwana goma sha bakwai ɗin da na yi ina kokawa da littafin wani Bajamushe tsakanin Ƙaraye da Falgore, wannan kam ko na tsufa na rikice ba zai fita daga kaina ba. Har yau in na tuna sai raina ya ɗan sosu. Abin da ya ƙara ɓata al'amarin shi ne na kasa gane wanda ya kamata in ji wa haushi, mahaifiyata ce, ko kawuna, ko ni kaina.

A lokacin ina shekarar ƙarshe a jami'a, ina karanta adabin Turanci. Malamin da aka haɗa ni da shi ya duba kundin kammala digirina wani dattijon Dokta ne marar yawan magana, wanda ya yi karatu a ƙasar waje. Shi ya zaɓa mini abin da zan yi rubutu a kai: wani marubucin Jamus da ya daɗe da mutuwa, wanda ya ƙarar da rayuwarsa yana rubuta labarai da waƙoƙi a kan mutanen da zuciyarsu ta ƙi zama wuri ɗaya, suka bar gida suna neman natsuwa da gaskiyar rayuwa. Dokta ya buɗe durowarsa ya ba ni aron littattafai biyu da aka juya zuwa Turanci, ɗaya labari mai shafi wajen ɗari da sittin, ɗaya kuma ɗan siriri na waƙoƙi. Ya ce nasa ne na kansa, ya fi shekara ashirin da su. Ya kuma ce wata guda ya ba ni, ranar Litinin kaza in kawo masa kundin a kammale tare da littattafansa, domin washegari zai yi tafiyar da ba zai dawo ba sai baɗi. In na wuce ranar, to ni ma sai baɗi.

Gaskiyar da ban taɓa faɗa wa kowa ba a lokacin ita ce, littafin labarin nan ban karanta shi duka ba. Na karanta farkonsa, na karanta ƙarshensa, na tsinci wuraren da suka yi mini daɗi a tsakiya, sauran kuma na cike da ɗan taƙaitaccen bayanin da na samu a waya. Da wannan na cika littafin rubutu guda da hannuna, babi huɗu, duk a kan magana ɗaya: wai mutumin cikin labarin shi kaɗai ya kai ga natsuwa, ba malami, ba dangi, ba taimakon kowa. Maganar ta burge ni ƙwarai, har na fara ganin ni ma irinsa ne.

Da haka na koma gida Ƙaraye don in ƙarasa rubutun. Kaka ce, kowa a gidanmu ya duƙufa kan gyaɗa. Baba da ƙannena tun da sassafe suke fita gona, Inna kuma ta bi su da abinci. Ni kuwa sai in saɓa littattafaina in nufi bakin dam, in samu gindin bishiya in zauna ina kallon ruwa. Wani lokaci in miƙe ina kai da kawowa ina rera waƙoƙin nan da Turanci da ƙarfi, ina ɗaga hannu. Na daina cin abinci kwano ɗaya da ƙannena. Gaisuwa ma na taƙaita ta, domin a ganina mai zurfin tunani ba ya ɓata lokaci wajen tambayar gajiya da iyali. Ranar da na wuce majalisar dattawan ƙofar gidanmu da ɗaga hannu kawai, ban tsaya ba balle in durƙusa, a ranar magana ta fara yawo a unguwa. Kwana biyu bayan haka wani maƙwabcinmu masunci ya shigo har gida ya gaya wa Inna cewa da idonsa ya gan ni ina yi wa ruwa magana da wani yare, ina jiran amsa.

Ni ne ɗan fari, kuma Inna irin matan da ne masu alkunya. Ba ta kiran sunana, ba ta zama ta yi doguwar hira da ni, in za ta yi maganata sai ta ce "wancan" ko "shi wannan". Saboda haka ba ta tambaye ni komai ba. Da ta tambaya, da wataƙila cikin minti biyar an wuce wurin. Sai ta bi hanyar da ta sani.

Ranar Juma'a na dawo daga masallaci na ɗaga filo, ba littattafai. Na zazzage jaka, na ɗaga katifa, na leƙa har bayan randa. Ba na Dokta, ba littafin rubutuna mai babi huɗu. Na fito tsakar gida ina huci, na samu Inna tana ɓarar gyaɗa a faifai, ko ɗago kai ba ta yi ba.

Na ce, "Inna, wa ya shiga ɗakina?"

Sai ta juya wajen ƙanwata, kamar ita ce ta yi tambayar, ta ce, "Ki gaya masa takardun suna Falgore wurin Yaya. Na naɗe su a zane na ba direban Rogo. In Yaya ya duba ya ce ba komai a cikinsu, a dawo masa da abinsa."

Na yi bayanin Dokta, na yi bayanin ranar Litinin, na ce shekara guda ce za ta salwanta. Inna ta ci gaba da ɓararta, ta ce wa ƙanwata gara shekara ta salwanta da hankali ya salwanta. Da Baba ya dawo na kai ƙara, ya saurare ni har na gama, sannan ya ce tunda abin ya kai hannun Malam, wato kawuna, ai sai in bi sawu. Daga wannan ranar zuwa Litinin ɗin Dokta kwana goma sha bakwai ne cif.

Kawu yayan Inna ne, malami ne mai zaure a Falgore ta ƙasar Rogo, inda magidanta ke zuwa ɗaukar karatun littattafai bayan asuba kafin su wuce gona. Bai yi boko ba ko na kwana ɗaya. Asabar da safe na hau motar Rogo, daga can na hau acaɓa, duk hanya ina shirya maganar da zan yi cikin minti goma in karɓi kayana in juyo. Na same shi a zaure a kan buzunsa. Gaisuwa kaɗai ta ci fiye da minti goman. Ya tambayi Baba, ya tambayi Inna, ya tambayi ƙannena ɗaya bayan ɗaya, ya tambayi gyaɗa, ya tambayi hanya, ya sake komawa kan Baba. Ina amsawa ina satar kallon ƙunshin zanen Inna, ga shi nan a kan tarin littattafansa ba a ko kwance ba.

Da na samu sarari na ce, "Kawu, littattafan nan na makaranta ne kawai. Ba wani abu a ciki."

Ya ce, "To, madalla. Me ke ciki?"

Nan na gyara zama. Na zuba masa duk abin da na rubuta, cewa labarin wani mutum ne da ya bar gida, ya bar malamai, ya nemi gaskiya shi kaɗai har ya same ta ba da taimakon kowa ba. Ina magana ina jin daɗin muryata. Kawu ya gyaɗa kai, ya ce, "Shi kaɗai?" Na ce shi kaɗai.

Ya ce, "To ka ga, ɗana, uwarka amana ta ba ni, ta ce in duba. Ni kuma ban taɓa yanke wa littafi hukunci ban ji shi daga bango zuwa bango ba. Ba zan ce mata da lafiya ba alhali ban ji ba, ba kuma zan ce da cuta ba. Rubutun nan ba na karanta shi, kai ne mai karantawa. Gobe ka shigo layi, ka biya mini."

Na ɗauka wasa yake. Washegari na tabbatar Kawu ba ya wasa da littafi. A zaurensa kowa da littafinsa, kowa da layinsa, kuma wanda ya zo ƙarshe shi ne na ƙarshe. Mutum tara ne a gabana. Na zauna a bakin ƙofa kusa da takalma, ni mai shirin karɓar digiri, ina jiran manomi ya gama, mahauci ya gama, wani tela mai yawan tambaya ya gama. Ka'idar kuwa ita ce ɗalibi ya karanta gaɓa ɗaya, Malam ya fassara, ɗalibi ya ce na'am, a ci gaba. Da layi ya zo kaina sai abin ya juye: ni zan karanta Turancin, ni zan ba da Hausarsa gaɓa-gaɓa, Kawu ne mai cewa na'am. Jin Malam yana cewa na'am ya sa waɗanda suka fara neman takalmansu suka koma suka zauna.

Wanda bai taɓa juya littafi gaɓa-gaɓa a gaban mutum goma ba, bai san wahala ba. A aji kana iya tsallake kalmar da ba ka sani ba ka yi gaba, a zauren Kawu babu wannan. In na yi ƙoƙarin dunƙule jimla sai ya ce, "A'a, Turancin ya fi haka tsawo. Ina sauran?" Ga tambayoyi. Da mutumin ya bar gida, Kawu ya tsayar da ni ya ji ko ya sallami mahaifinsa. Tela ya ce shi a ganinsa yaron nan aure kawai yake so. Mahauci ya ce a'a, gado aka hana shi. Wani dattijo ya tambaya ko a Jamus ɗin ana noman gyaɗa, da na ce ban sani ba sai ya yi mini kallon wanda aka yi asarar kuɗin makaranta a kansa. Ranar farko shafi huɗu muka yi. Kawu ya karyo tsinke daga tabarma ya sa a wurin, ya rufe littafin, ya mayar cikin zanen Inna, aka shafa fatiha.

A gefensa kuwa akwai ɗan tulin gyaɗa da wani ɗan ƙoƙo. Ina karatu, jefi-jefi sai in ji ƙaras, ya ɓare guda ya jefa ƙwayar a ƙoƙon. Wannan ma ya ƙona mini rai. Ina zuba adabin duniya, shi yana ɓarar gyaɗa.

Bayan karatu kuma ba hutu. Duk mai cin tuwon gidan sai ya je gona, don haka ni da na gudo daga gyaɗar Baba sai ga ni zaune a gaban tulin gyaɗar Kawu ina tsinka daga hantsi har la'asar, yatsuna duk sun yi kanta. Ina tsinka ina lissafi. Shafi huɗu ko biyar a rana, littafi mai shafi ɗari da sittin, ga na waƙoƙi yana jira. Ko ta ina na juya lissafin, sai Dokta ya daɗe da sauka a ƙasar da za shi kafin mu kai rabi. Na roƙi Kawu ya ba ni ko littafin rubutuna ne, ya ce tare aka kawo su, tare za su koma. Ranar Talata kuma tela ya tuna mini, yana murmushi, cewa Alhamis da Juma'a ba a karatu a zaure.

Shi ya sa ranar Laraba na yi abin da na yi. Da Kawu ya miƙo mini littafin, na zare tsinken, na haɗa ganye wajen goma sha biyar na juya su lokaci ɗaya. Na ce a raina, mutumin da bai san ko harafi ɗaya na boko ba, ina zai gane? Na soma karantawa daga inda mutumin yake tsaye a kan wani dutse yana kallon gari a ƙasa, zuciyarsa wasai. Wurin na san shi sosai, yana cikin wuraren da na tsinta. Na yi gaɓa uku ban ji na'am ba. Na ɗago.

Kawu ya ce, "Jiya mun bar shi a ƙofar wata tsohuwa, zazzaɓi ya kayar da shi, takalminsa ɗaya ya yage. Yau ga shi a kan dutse garau. Wa ya yi jinyarsa?"

Na ce ai wurin ba shi da muhimmanci, marubucin ya ɗan ja zance ne kawai.

"To, ba laifi. Gaya mana abin da ya faru a wurin a taƙaice."

Ban sani ba. Shafukan nan talatin ban taɓa karanta su ba, ko a makaranta haka na haɗa su na juya. Kawu ya jawo ƙoƙon nan ya karkata shi yadda kowa zai gani. Ƙwaya huɗu ce a ciki.

Ya ce, "Ka ce mini shi kaɗai ya yi tafiyarsa. Ni kuma tun ranar Lahadi duk wanda ya ciyar da shi ko ya ɗauke masa wani nauyi nake ajiye masa ƙwaya ɗaya. Uwarsa da ta ɗaure masa guzuri, mai keken dokin da ya rage masa hanya, matar da ta ba shi madara, da wanda ya bar shi ya kwana a rumbunsa. Huɗu ke nan, ko nisa ba mu yi ba. Tsohuwar nan ina jin ita ce ta biyar, sai ka tsallake ta."

Kunya ce ta kama ni, amma a lokacin ban san kunya ba ce, na ɗauka fushi ne. Na ɗaga murya a zauren da ko tari mutane ke yi a hankali. Na ce, "Kawu, wannan fa ba littafin fiƙihu ba ne, adabi ne, kuma ba haka ake karanta shi ba! Kun riƙe mini kaya kuna ƙirga gyaɗa, shekarata za ta tafi a banza saboda mutanen da ba su san me ake nufi da jami'a ba."

Tela ya sunkuyar da kai. Dattijon nan ya fara salati a hankali. Kawu bai canja fuska ba. Ya mayar da tsinken inda yake jiya, ya haɗa littattafan uku ya naɗe a zanen, ya miƙo mini da hannu biyu.

Ya ce, "Karɓi. Ban san abin ya kai haka ba, kuma kayan malaminka ne, ba ni da ikon riƙe su. Zan aika wa uwarka cewa ban samu jin littafin ba, don haka ba ni da abin cewa a kansa. Allah Ya kiyaye hanya."

Ba a shafa fatiha ba. Na sa takalmina na fita, ina gaya wa kaina na yi nasara.

A tashar Rogo motar Ƙaraye saura mutum shida ta cika. Na zauna a benci, raina yana tafasa, na kwance zanen da niyyar in karanta shafukan nan talatin don kawai in tabbatar wa kaina ba komai a ciki. Abin da na fara gani shi ne fensirin Dokta. A duk littafin ba inda ya ja layi ya yi rubutu a gefe kamar wannan babin, wani wurin har takardar ta kusa hujewa. Na karanta. Tsohuwar nan ta ja mutumin ciki, ta yi jinyarsa har sanyin ƙasarsu ya wuce, ta sayar da kajinta ta saya masa magani, ƙaninta ya ɗinke masa takalmi. Da ya warke ya tashi da sassafe ya tafi ko sallama bai yi musu ba, kuma wannan abin ne ya yi ta cin sa har ƙarshen littafin. Ƙarshen da na yi ta yabo a kundina, ashe ban ma fahimci abin da mutumin yake kuka a kai ba.

Can na lura bakina yana motsi. Ashe gaɓa-gaɓa nake karantawa ina ba kaina Hausarsa, ina ɗan dakatawa inda na'am ya kamata ta shigo. Na rufe littafin na dubi babi huɗun da na rubuta. Da na kai wa Dokta su a haka, shafi biyu zai karanta ya gane ban karanta littafinsa ba, kuma mutumin da na sani ba zai yi mini faɗa ba, zai dai miƙo mini kayana ya ce sai baɗi. Ɗan kamasho ya leƙo ya ce saura mutum ɗaya, in shiga. Na ce ya sa wani. Ya bi ni da maganganu har na hau acaɓar Falgore.

Na samu Kawu a gona. Na cire takalmi tun daga nesa, na durƙusa a gaban mutanen da na zaga da safe, waɗanda suka zo taya shi tsinka, na ce na yi kuskure, a yafe mini. Na kuma faɗi gaskiya, cewa littafin ban taɓa karanta shi duka ba. Ina jiran wa'azi mai tsawo, har na shirya masa. Sai Kawu ya ce, "Allah Ya yafe mana gaba ɗaya. Kwana nawa ya rage?" Na ce goma sha biyu. Ya ci gaba da tsinkar gyaɗa, sannan ya ce gobe Alhamis ba a karatu a zaure, amma shi bai taɓa jin an hana karatu a gona ba.

Haka aka yi. Kwana takwas ina zaune a kan buhu a inuwar ɗorawa daga hantsi zuwa la'asar, ina karantawa ina fassarawa, su suna kewaye da tulin gyaɗa suna tsinka, Kawu yana na'am, ƙoƙonsa a gefe. Rabona na tsinka tela da mahauci suka raba, ba wanda ya tambaye su. Kada a ɗauka daga nan abin ya zama daɗi. Tela bai fasa maganar aure ba har shafin ƙarshe. Sau biyu Kawu yana mayar da ni baya shafi guda saboda ya ce Hausata ta yau ba ta yi daidai da ta jiya ba. Muryata ta dushe, matar Kawu ta dinga aiko mini da ruwan citta. Bayan asuba da bayan la'asar kuma ina rubutu, don babi huɗun nan sai da na soke fiye da rabinsu na sake sabon gini. Ranar ƙarshe muka bi waƙoƙin. Kawu ya saurara ido a rufe, da na gama ya ce shi dai abin da ya ji, mutumin nan ya san ƙishirwa ƙwarai, kuma bai yi ƙaryar ya ƙoshi ba. Aka juye ƙoƙo aka ƙirga, ƙwaya goma sha tara. Sannan aka shafa fatiha.

Ranar Juma'a da kansa ya rako ni Ƙaraye, wai amsar amana ba a aika ta. Aka shimfiɗa masa tabarma a tsakar gida, Baba yana gefe, Inna tana bakin ƙofar ɗakinta, ƙannena duk sun kasa kunne. Bayan gaisuwar da ta kusa kai mu la'asar, ya ce, "Na ji littafin daga bango zuwa bango. Ba aljani a ciki, ba sihiri. Bature ne yake neman abin da kowa ke nema, da iyakar abin da ya sani. Yaron nan kuma lafiyarsa ƙalau. Littafi ya ɗauko bai karanta ba, shi ne ya hau masa kai. Yanzu ya karanta."

Ƙannena suka tuntsire da dariya, har yau kuma in muka haɗu sai wani ya tayar da maganar. Inna ta ce wa ƙanwata, "Ki ce masa akwai tuwo a rufe." Ni kuma don in wanke kaina na juya na ce wa Baba gobe da sassafe zan bi su gona kafin in tafi shagon buga takardu. Baba ya ce, "Gyaɗa ai an gama. Shekaranjiya muka kwashe ta ƙarshe." Cikin duk abin da aka gaya mini a kwanakin nan, ba wanda ya shige ni kamar wannan, domin na san da kuɗin gyaɗar nan za a buga kundin, da shi kuma zan hau mota.

Na kai wa Dokta ranar Litinin, saura kaɗan ya kulle ofis. Ya fara duba littattafansa kafin kundin. Yana buɗe na labarin tsinken tabarmar Kawu ya faɗo kan tebur, ga kuma ɗan tabon ƙasar gona a gefen wasu shafuka. Ya ɗauki tsinken ya juya shi, ya karanta shafi uku na kundin a tsaye, sannan ya dube ni ta saman tabarau ya ce wannan ba irin maganar da nake yi wata guda da ya wuce ba ce, da wa na karanta? Na ce da kawuna, a ƙauye. Ya tambaya a wace jami'a kawun yake koyarwa. Na ce a zaure. Ya mayar da tsinken cikin littafin ya rufe, ya sa hannu a kundin.

Da za mu rabu a Ƙaraye, Kawu ya ciro ƙoƙon nan daga aljihun rigarsa, ba komai a ciki, ya ba ni ya ce na Bature an gama ƙirgawa, saura nawa. A lokacin haushi na ji, na ce a raina dattijon nan ba zai bar mutum ya huta ba. Amma a motar komawa makaranta na sayi gyaɗa na gwada. Na sa tela, na sa mahauci, na sa matar Kawu da ruwan cittarta, na sa Baba da ƙannena, na sa Dokta. Na daɗe riƙe da ƙwaya ɗaya a hannu kafin in sa wa Inna, domin har lokacin ina ganin ita ta jawo mini duk wannan wahala, sannan na tuna wahalar ce ta hana ni maimaita shekara. Kafin mu kai rabin hanya gyaɗar ta ƙare, mutanen ba su ƙare ba.

Yau ni ma adabi nake koyarwa, kuma ɗalibaina sun san ni da abu biyu da suke ƙorafi a kai. Ba na yarda yaro ya yi mini bayanin littafin da bai bi shi daga bango zuwa bango ba, kuma duk wanda ya rubuta mini cewa wani ya kai wani matsayi shi kaɗai, sai na mayar da shi ya ƙirgo waɗanda suka ba mutumin abinci. Abin da kwanakin nan suka koya mini ke nan: kada in yi magana a kan abin da ban karanta ba, kada kuma in ɗauka ni kaɗai nake tafiya alhali wasu na gona saboda ni. Ƙoƙon yana kan teburina har yanzu. Inna kuwa har gobe ba ta yarda ta yi kuskure ba, in maganar ta taso sai ta ce wa ƙanwata, "Ki tambaye shi, da ban aika ba, da ya karanta?" Ni kuma shekara da shekaru ina neman amsar da zan ba ta, ban samu ba.